Gaurakar da Aka Tanadar wa Baƙuwa

Jos, 19 ga Agusta

Zuwa ga Baffa Gwadabe,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da girmamawa, da fatan takardar nan za ta same ku lafiya kai da Inna Lauratu. Yaya damina? Yaya kunnen kuma? Mama ta ce yanzu ko an kira ka a waya sai dai ka yi ta cewa "na'am, na'am" har mai kiran ya gaji, shi ya sa na ɗauki biro.

Wataƙila ba za ka tuna ni ba. Ni ce Mahbuba, 'yar marigayi Muslim na unguwar Yalwawa a Dutse, wanda kakanku ɗaya da shi. Rabona da Kwarin Baushe tun ina 'yar shekara tara. Yanzu ina shekarar ƙarshe a makarantar koyon aikin fim a nan Jos. Kada ka ɓata rai, Baffa, ba na rawa da waƙa ba ne. Irin wanda ake ɗaukar abin da yake faruwa da gaske ne, musamman rayuwar dabbobi da tsuntsayen da suke ƙarewa.

Da Mama ta dawo daga sunan da aka yi a garinku, ta ce ka gaya mata gauraki biyu sun sauka a fadamarku. Da na faɗa wa malaminmu, dariya ya yi. Ya ce an yi shekaru ba a ga gauraka a dajinmu ba, waɗanda suka rage suna tsakar gidajen masu hali. Idan gaskiya ne, a kansu nake son yin fim ɗina na kammalawa.

Ga damuwata. Kyamara mai jawo nesa guda ɗaya ce a makarantar, mu talatin muke layinta. Ni an ba ni ranar 16 da 17 ga Satumba, kwana biyu rak. In na zo ban gan su ba, shekarar nan ta tafi a banza. Wallahi tsoron nan ya hana ni sakat.

In za ka ba ni amsa, ka ba Haisam direba, tunda duk Litinin yana shiga Dutse. Mama za ta ɗauki hoton takardar ta turo min, tawa kuma ta sa a buga ta ba shi ya kawo maka.

'Yarka,
Mahbuba

Kwarin Baushe, ta Buji, 27 ga Agusta

Zuwa ga 'yata Mahbuba,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya lau, alhamdu lillahi. Ruwa ya zauna, gero ya fara fitar da kai. Kunne kuwa yana nan yadda yake, ya yi ritaya tare da ni. Lauratu na cewa abin da nake so nake ji, kada ki yarda da ita.

In manta da ke? Yarinyar da ta ƙi shan nono a ƙwarya ta ce sai an kawo mata kofi? Na yi shekara talatin da ɗaya ina koyar da 'ya'yan mutane, ban taɓa manta mai rigima ba.

Ki gaya wa malaminku ya zo da dariyarsa fadamar Baushe. Gauraki biyu ne, da idona na gan su, kuma kullum ina ganinsu. Tun tsakiyar Yuli suka sauka. Tsayinsu ya kai ƙirjin mutum, jiki baƙi, fiffike fari, kunci da ja, ga tukku a kai kamar an dasa musu tsintsiya. Ɗaya ya ɗan fi girma, shi nake ce wa namijin. Da hantsi suna kiwo a gefen shinkafa, suna buga ƙafa a ciyawa fara na tashi suna cafkewa. Wani lokaci sai su buɗe fiffike su yi ta tsalle suna sunkuya wa juna, ba kiɗa ba maroƙi. Kukansu ma, duk da kunnen nan nawa, yana shiga.

Lokacin da nake bin shanun mahaifina, garke-garke muke ganinsu a nan. Mahaifina ba ya barin ko tsakuwa a jefa musu. Rabon da in ga ko ɗaya kuwa, tun kafin a haifi babanki. Ranar da na gan su sai da na zauna a kan kunyar gona na share ido, ban ɓoye miki ba.

Amma gaskiya suna da wayo. Wata rana sai su wuni a can cikin ruwa inda ko tukkunsu ba ka hangowa, wata rana su tashi ba a sake ganinsu sai gobe. Na karanta inda kika ce tsoro ya hana ki sakat har sau uku. Ki kwantar da hankalinki. 'Yar Muslim ba za ta taso tun daga Jos ta zo gidana ta koma hannu rabbana ba. Wannan ki bar min shi.

Baffanki,
Gwadabe

Kwarin Baushe, 24 ga Satumba

Zuwa ga 'yata Mahbuba,

Assalamu alaikum. Lafiya kuwa? Mu dai muna lafiya, sai ruwan da ya yanke mana hanya, mako biyu ke nan motar Haisam ba ta fita ba. Ranar 16 Lauratu ta yanka zakara, ta dama fura, har kofi ta aro miki. Na zauna bakin hanya har la'asar. Zakaran dai mun cinye shi, Allah ya ba da lada.

To ga albishir, na so in bari sai kin zo amma cikina ya kasa riƙewa. Gaurakarki tana gidan nan. Kwana uku kafin ranar zuwanki na samu Musaddiq masunci, muka baza dawa a inda suke kiwo, muka ɗana komarsa a cikin ciyawa. Kai, mun sha wahala! Namijin ya kubce, macen ta shiga. Ta sare ni a hannu, har yanzu da tabo. Na zagaye mata wuri da zana a gindin tsamiyar tsakar gida, na ajiye mata kwatarniyar ruwa. Na kuma rage mata gashin fiffiken dama da almakashi, yadda nake yi wa sababbin tattabaruna, don kada ta tsallake.

Yanzu ba sai kin shiga taɓo ba, ba sai sauro ya cinye ki ba. Ki kafa kyamararki a inuwa, kina shan fura kina ɗauka, daga nan zuwa nan. Ko kwana biyun ma ba za ki cinye ba. In kin gama sai mu mayar da ita.

Abu ɗaya ne ya ɗan dame ni. Ba ta cin abinci sosai. Kwana huɗun farko ko kallon dawar ba ta yi ba, sai da Lauratu ta fara kamo mata fara. Namijin kuma kullum da sassafe sai ya zo ya yi ta kewaya saman gari yana kuka, ita tana amsawa tana dukan zana da ƙirji. Lauratu ta ce abin yana hana ta tuƙa tuwo cikin natsuwa. Na ce mata kwana kaɗan ne.

Ki hanzarta dai. Mutanen gari sun gama zuwa kallo, saura ke mai ita.

Baffanki,
Gwadabe

Jos, 3 ga Oktoba

Baffa,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa. Zazzaɓi ne ya kwantar da ni a asibiti kwana tara, aka ba wani kyamarar. Na aiko da saƙo tun lokacin, ashe yana jakar Mama saboda hanya. Na warke.

Jiya takardarka ta iso. A tsaye na karanta ta. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un! Baffa, me ka yi haka? Na kira lambar Inna Lauratu ya fi sau ashirin, ba ta shiga.

Fim ɗin nan gaba ɗayansa a kan masu kama gauraka su yanke mata fiffike su ajiye a tsakar gida ne. Su ne suka ƙarar da ita. Abin da nake son nuna wa duniya ana yi, shi ka yi, kuma da sunana. Ta ina zan fara? In kafa kyamara a gaban tsuntsuwar da aka tsare a zana, in ce ga gauraka a daji? Ƙarya ke nan. Gara in faɗi jarrabawar sau goma.

Tattabara daban, gauraka daban. Gashin da ka yanke ba zai fito ba sai ta zubar da tsohon da kanta, kuma hakan na iya kai shekara. Su kuma biyu-biyu suke zama, ba sa rabuwa. Da zarar fadamar ta ƙafe namijin zai tashi neman ruwa. Kai da ka ce mahaifinka ba ya barin a jefa musu tsakuwa!

Don girman Allah ka sake ta ranar da takardar nan ta same ka. Ba na son fura, ba na son inuwa. Raina a ɓace yake, ba zan iya ƙara komai ba.

Mahbuba

Kwarin Baushe, 15 ga Oktoba

Zuwa ga Malama Mahbuba,

Wa alaikumus salam. Allah ya ƙara sauƙi, ya sa kaffara ne. Mu ma muna nan.

Takardarki ta same ni ranar Litinin bayan la'asar. Na gode da karatun da aka yi min. Na koyar da mutane da yawa, ashe saura nawa darasin. Zancen mahaifina da kika sako ne kawai da kin bar shi, don ya shige ni. Kwana biyu ban iya haɗa ido da Lauratu ba.

Kin ce in sake ta, na bi umarni. Washegari da hantsi na rufe mata kai da hula, na rungume ta har fadama. Namijin yana can. Da na ajiye ta sai ta ruga da gudu wajensa ta buɗe fiffike, ta yi sama kamar kamu biyu, sai ta karkace ta faɗo ta gefe. Ta sake, ta sake faɗowa. Shi kuma ya tashi ya dawo, ya tashi ya dawo, yana jiranta. Ina tsaye ina kallo sai ga karnukan masu kiwo guda uku. Mahbuba, shekarata saba'in da biyu, rabon da in yi gudu na manta, amma ranar na yi. Na same su sun riga sun cire mata gashin wutsiya. Na dawo da ita gida, gwiwata har yau a kumbure.

Don haka sakin da kike faɗa daga Jos, a nan mutuwa ce. Ajiyewar kuma kin ce zalunci ne. Sai ki gaya min na ukun.

Labari ya kai Dutse. Wani mai babban gida ya turo mutum da mota ya ce a ba shi ita ta riƙa yawo a farfajiyarsa, akwai ciyawa da famfo, za ta ji daɗi. Na ce ba tawa ba ce. Ya ce ta wa ce? Na dai ce ya gaida gida.

Ban kama ta don in yi ado ba. A gidanmu in baƙo ya ce yana son abu, ba a nuna masa hanyar daji, kawo masa ake yi. Kin rubuto kina tsoro, ke marainiyar ɗan'uwana, ni kuma abin da na iya ke nan. Na yi kuskure, na yarda. Ruwan fadama ya fara ja da baya, jiya na ga tsohon turken da sai kaka yake fitowa.

Gwadabe

Jos, 20 ga Oktoba

Zuwa ga Baffana,

Assalamu alaikum. Yaya gwiwar? Don Allah ka bari Inna Lauratu ta gasa maka ita, kada ka ce ba komai. Na ga "Malama Mahbuba" a saman takardarka, na san na yi laifi. Ka yafe min, Baffa. Na yi maka magana kamar sa'ana, na kuma taɓo mahaifinka. Mama ta wanke ni tas a waya, kuma da gaskiyarta.

Na koma na karanta takardata ta farko. Daga sama har ƙasa tsorona na rubuta maka. Ko layi ɗaya ban ce a bar su inda suke ba, ban ce ganinsu daga nesa ya ishe ni ba. Ka ce "ki bar min shi", na ji daɗi na yi shiru, ban tambayi me za ka yi ba. Almakashin a hannunka yake, amma ni na miƙo maka.

Ga na ukun da ka nema. Na je wajen wata likitar dabbobi da ke kula da tsuntsayen daji a nan, Dakta Juwairiyya. Tambayar farko da ta yi ita ce, ina gashin da aka yanke? Ta ce in yana nan ana iya mayar da shi. Karan gashin fiffike cikinsa rami ne. A feƙe tsinken gora siriri, tsawon ɗan yatsa, a shafa masa gam mai ƙarfi, rabi ya shiga guntun da ke jikinta, rabi ya shiga wanda aka yanke, a haɗa bakinsu. Ba za ta ji zafi ba, kamar yankan farce ne. Sai dai kowane gashi ya koma gurbinsa, kuma ya kwanta yadda 'yan'uwansa suka kwanta. Fiffiken hagu shi ne abin dubawa. A sa takarda a tsakani kada gam ya taɓa na kusa. Na zana maka komai a bayan takardar nan, Mama kuma za ta ba Haisam gam ɗin.

Bayan nan ta ce a faɗaɗa mata wuri ta riƙa motsa fiffike, don ta daɗe ba ta tashi ba, sai ƙarfinta ya dawo.

Baffa, gashin yana nan? In an share an zubar, ka faɗa min kawai.

An sake ba ni kyamara ranar Asabar 11 ga Nuwamba, kwana ɗaya. Malaminmu ya ce daga ita ba wata.

'Yarka mai neman gafara,
Mahbuba

Kwarin Baushe, 29 ga Oktoba

Zuwa ga 'yata Mahbuba,

Wa alaikumus salam. Gwiwa ta sace, an fara yankan gero, muna godiya. Zancen yafiya kuma ya wuce, kada ki sake tayar da shi. Ni ma da na ga dama da na tambaya kafin in ɗauki almakashi.

Da na karanta tambayarki, ni dai na san a ƙasa na bar gashin. Na je na sami Lauratu ina in-ina. Ta dube ni sheƙeƙe, ta shiga ɗaki, ta fito da shi a naɗe cikin tsohon ɗankwali, guda tara cif. Wai ta ajiye ne za ta yi mafici. Shekara arba'in ina yi mata faɗan tara tarkace, ranar na janye maganata a gaban shaidu.

Ranar Alhamis muka yi aikin. Musaddiq ya riƙe ta, kanta cikin hula. Ni na feƙe gora, amma da aka zo sakawa sai hannuna ya ƙi tsayawa. Lauratu ta ture ni ta ce, "Malam, matsa, wannan aikin masu saƙa ne." Ta jera gashin a kan faifai daga babba zuwa ƙarami, tana duba na hagu tana gwadawa, ta mayar da su ɗaya bayan ɗaya. Na bakwai ya tsage, ta ɗaure shi da zaren lilo. Tun hantsi har azahar. Aikina riƙe takarda da shan tsawa.

Na kwashe zanar, na bar mata tsakar gidan gaba ɗaya, na rufe sama da komar Musaddiq. Awaki sun koma gidan maƙwabta suna ƙorafi. Jiya ta buɗe fiffike ta kaɗa har ta kifar da kwanon tsaki, ta hau kan rumbu. Ci kuwa yanzu sai dai a ce masha Allah.

Abin da ba zan ɓoye miki ba shi ne ruwa. Ya koma tsakiyar fadama, bai fi filin ƙwallon makarantarmu ba. Sauran tsuntsayen ruwa, dinya da kirinjijiya, sun tafi. Da an gama kwashe amfanin gona za a sako shanu. Namijin yana zuwa har yanzu, amma shekaranjiya bai zo ba sam, sai jiya. Hakan bai taɓa faruwa ba.

Baffanki,
Gwadabe

Jos, 3 ga Nuwamba

Baffana,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ku, ina gaida Inna Lauratu gaisuwa ta musamman. Ka ce mata na fasa kofi, a ƙwarya zan sha.

Na yi kuka da na karanta, na murna. Dakta Juwairiyya ta ce tunda ta hau rumbu, ta kusa. Malaminmu kuma da na ba shi labari bai yi dariya ba. Ya ce in na ɗauki lokacin da za ta tashi ta koma wajen namijin, fim ya gama haɗuwa, in ban samu ba kuwa ba ni da komai a hannu sai surutu.

Zan taso ranar Juma'a in kwana a Yalwawa, Asabar da sassafe ina wajenku. Takardar nan za ta same ka Litinin, ka ga saura kwana biyar ke nan. Baffa, ka jira ni. Na san ba ni da bakin roƙonka bayan abin da na rubuta a baya, amma shekara huɗu na yi a makarantar nan. Kwana biyar kawai.

'Yarka,
Mahbuba

Kwarin Baushe, Laraba 8 ga Nuwamba

Zuwa ga 'yata Mahbuba,

Assalamu alaikum. Muna lafiya, da fatan ke ma haka. Ban jira Litinin ba, na ba wani mai babur da zai shiga Dutse, don ki ji daga gare ni kafin ki hau mota.

Na sake ta yau da safe. Ban jira ki ba.

Bari in faɗa miki yadda aka yi, sannan ki yi fushinki. Takardarki ta zo Litinin, na ce wa Lauratu za mu jira. Ranar namijin bai zo ba. Talata aka sako shanu, garke uku, kafin azahar sun mayar da ragowar ruwan kunu. Namijin bai zo ba. Ita kuma ta daina ci, ta tsaya a kan rumbu tana kallon gabas. Na ce shi ke nan, ya tafi, na kashe aure da hannuna.

Yau ina fitowa daga masallaci sai Lauratu ta kama hannuna ta nuna min sama. Ga shi can, amma ba ƙasa-ƙasa yadda ya saba ba, can ƙololuwa. Ya kewaya sau ɗaya, bai ko nufi fadama ba, don ba wurin sauka. Na yi kiwo, na san tsuntsun da ya zo sallama. Na tsaya da takardarki a aljihu. Na tuna shekara huɗunki, na tuna babanki. Wallahi na so in jira. Lauratu ta je ta kama bakin komar ta tsaya tana kallona. Sai na kama ɗaya bakin.

Da muka yaye, ba ta tashi nan take ba. Ta yi kuka sau biyu, ya amsa. Sai ta yi tsalle daga kan rumbun. Ta yi ƙasa har na ce za ta daki katanga, ƙafarta ta shafi zana, sannan ta ɗaga. Tana ɗan karkata dama, kuma gashi ɗaya ya faɗo a gonar bayan gida, na bakwai ɗin nan ne mai zare. Sauran takwas sun riƙe. Ya sauko ya tarye ta a saman kukar makabarta. Suka kewaya gari sau biyu, yana gaba tana baya, yana rage gudu. Daga nan suka miƙe gabas, wajen Haɗeja inda ruwa ba ya ƙafewa. Na bi su da ido har idon ya gaza. Ko za ta kai, Allah ne masani. Ni dai ban ga ta sauka ba.

Ba wanda ya ɗauki hoto. Mutum biyu ne suka gani, tsoho kurma da matarsa.

Na san abin da na jawo miki. Da farko na ɓata miki aiki don ina son in kyauta miki, yau kuma na ɓata shi ina sane. Na farkon na nemi gafara. Na yau ba zan ce na yi nadama ba, don ƙarya zan yi, amma zuciyata tana ciwo saboda ke.

Duk da haka ki zo ranar Asabar. Ba gauraka a gidan nan, ba ruwa a fadama. Amma kin ce fim ɗinki a kan masu kamawa su yanke fiffike ne, kuma ban ji kin ce kin sami ko ɗaya da ya yarda ya yi magana ba. To ga ɗaya. Ki kafa kyamararki a gabana, kada ki rufe min fuska, kada ki sauya min suna. Zan riƙe almakashin in faɗi abin da na yi da bakina, yadda duk wanda na taɓa koyarwa a ƙasar Buji zai gane ni. In malaminku ya ce surutu ne, to, a ba shi surutun.

Zan zauna bakin hanya tun hantsi.

Baffanki,
Gwadabe